Dusar da Muke Zuba wa Awaki, Hanjinmu na Bukatarta

Kwanakin baya wata Hajiya ta zauna a gabana a ɗakin duba marasa lafiya, ta dafa cikinta ta ce, "Malama, basir ne ya hana ni sakat. Yau kwana huɗu ban zaga ba, ga kumburi." Na ce, "Hajiya, jiya me kika ci?" Shayi da burodi da safe, shinkafa da mai da yaji da rana, taliya da lemon kwalba da dare. Shekaranjiya ma haka. Sai ta kwance bakin mayafinta ta nuna mini Flagyl da kafso ja da rawaya da ta saya a kemis, wai don ta wanke cikin.

Irin wannan zaman nakan yi shi kusan kullum, shi ya sa nake so mu fahimci abin da ke gudana a hanjinmu.

Da an ambaci bakteriya, tunaninmu kan tafi ga cuta. Amma a jikin kowane baligi mai lafiya akwai bakteriya kimanin tiriliyan 38, bisa ƙiyasin da masana suka fitar a 2016, kuma kusan dukkansu a babban hanji suke zaune. Idan aka tara su wuri guda nauyinsu bai wuce giram 200 ba. Mafi yawansu ba sa cutar da mu. Aiki suke mana: suna samar da wasu bitamin, suna tsare wuri don mugayen ƙwayoyi su rasa matsuguni, suna kuma horar da garkuwar jiki tun muna jarirai.

Su ma masu rai ne, sai sun ci. Abincinsu shi ne harza, wato ɓangaren hatsi da wake da ganye da 'ya'yan itace wanda cikinmu ba ya iya narkarwa. Sukari da farin fulawa tun a ƙaramin hanji jiki ke tsotse su, ba abin kirki da ke isa ƙasa. Harza kuwa tana isa babban hanji, ƙwayoyin nan su ruɓar da ita kamar yadda gasara ke tsami idan ta kwana. Daga nan wasu sinadarai ke fitowa, ɗaya daga cikinsu shi ne babban abincin bangon hanjin kansa, yana ƙarfafa shi yana rage kumburi. Harzar kuma tana riƙe ruwa, bayan gida ya yi laushi ya fita ba tare da yunƙuri ba.

A 2010 masu bincike daga Italiya sun gwada bayan gidan yara a ƙauyen Boulpon na Burkina Faso da na yaran birnin Florence. Abincin yaran ƙauyen shi ne gero da dawa da wake da ganye, wato abin da iyayenmu suka rene mu da shi. Aka tarar hanjinsu ya fi yawan ire-iren bakteriya, musamman masu cin harza, kuma sinadaran nan masu amfani sun fi yawa a cikinsu. Wani binciken na 2015 ya musanya abinci tsakanin baƙaƙen fata na Amurka da mutanen karkara a Afirka ta Kudu. Cikin mako biyu kacal aikin ƙwayoyin hanjinsu ya sauya: waɗanda suka koma abincin karkara alamun haɗarin sankarar hanji suka ragu a jikinsu, waɗanda suka koma cin nama da maiƙo alamun suka ƙaru.

Abin da ke damuna shi ne, wannan arzikin muna da shi, mu ne muke zubar da shi. Mukan surfa dawa har sai ta yi fari tas, mu bushe dusar mu zuba wa awaki, alhali harza da bitamin masu yawa a nan suke. Ban ce a daina surfe ba, na san tuwo mai santsi ya fi daɗin haɗiya. Amma a sassauta hannu, wani lokacin kuma a wanke geron a niƙa shi da dusarsa. Wake, gurjiya, aya, kwaɗon zogale ko na rama, miyar kuka da kuɓewa, dambu mai ganye, gwaiba da dankalin Hausa, duk abincin ƙwayoyin nan ne, kuma kowane iri da abin da ya fi so, shi ya sa canza abinci ke da amfani. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce baligi ya samu aƙalla giram 25 na harza da giram 400 na ganye da 'ya'yan itace a rana. Wanda bai saba ba ya ƙara kaɗan-kaɗan, ya yawaita shan ruwa. Iskar da wake ke sawa alama ce ƙwayoyin na aiki, kuma takan ragu idan an jiƙa waken an zubar da ruwan kafin dahuwa.

Nono da kindirmo suna ɗauke da bakteriya masu rai masu amfani. Sharaɗi ɗaya ne: a tafasa madarar kafin a kafa ta, domin ɗanyar madara na iya ɗauko tarin fuka da wasu cututtuka daga shanu. Ga jarirai kuwa, nonon uwa yana da wani irin sukari da jaririn ba ya narkarwa, don ƙwayoyin hanjinsa aka yi shi. Wannan na daga cikin dalilan da muke nanata shayar da nono zalla har wata 6.

Sai maganar kafso. Maganin kashe ƙwayoyin cuta ba ya tantance mai amfani da mugu, kuma hanji kan ɗauki makonni, wani lokacin watanni, kafin ya farfaɗo. Yana ceton rai idan likita ya rubuta shi, amma ba ya maganin taurin bayan gida. Yawancin gudawar yara ma ruwan gishiri da sukari take bukata, da zink na kwana 10 zuwa 14. Idan kuma aka ga jini a bayan gida, ko rama ba dalili, ko yanayin zagawa ya sauya na makonni, kada a ce basir ne a zauna gida, a zo a duba.

Hajiya ta ajiye kafson nan, muka tsara mata wake sau uku a mako, miyar ganye kullum, da kunun gero maimakon shayin safe. Bayan mako uku ta kawo jikarta rigakafi, ta leƙo ta ce, "Malama, cikin ya saki. Yanzu Alhaji ne nake so ki yi wa bayani."