Soja Ne Ko Ɗan Ƙwallo? Amsa Ga Masu Tambaya Kan 'Yan Wasan NFL Masu Kaki

Duk Disamba, da zarar an nuna wasan makarantar sojan ƙasa da ta sojan ruwa ta Amurka, wanda aka fara bugawa tun 1890, sai tambayoyin nan su sake tasowa kamar ba a taɓa amsa su ba. Ga su nan na tara wuri guda. Wanda ya sake turo ɗaya daga ciki, nan zan turo shi.

Wannan ƙwallon irin ta su Ahmed Musa ce?

A'a. Ƙwallon Amurka ce, wadda ake ɗauka a hannu a ruga, kowa da kwalkwali a ka. Babbar gasarta ita ce NFL, ƙungiyoyi 32, wasan ƙarshe kuma Super Bowl.

To dole ne ɗan wasa ya yi aikin soja a Amurka?

Ba dole. An daina ɗibar matasa aikin soja da tilas tun 1973. Kafin nan akan ɗauka. Rocky Bleier na Pittsburgh Steelers an kira shi a 1968, aka kai shi Biyetnam, harsashi da gurneti suka lalata masa ƙafafu a 1969, ya dawo yana ɗingishi, daga baya ya ci Super Bowl huɗu. Bob Kalsu na Buffalo Bills shi bai dawo ba, can aka kashe shi a 1970. Wancan zamani ya wuce.

In ba dole, me ya kawo rikicin?

Bashi ne. Amurka na da manyan makarantun horar da hafsoshi uku da ke buga ƙwallo a sahun manyan jami'o'i: West Point ta sojan ƙasa a jihar New York, Annapolis ta sojan ruwa a Maryland, da ta sojan sama a Colorado Springs. Ɗalibi ba ya biyan ko sisi, gwamnati ke ciyar da shi, ta tufatar da shi, har da ɗan alawus. In ya gama, zai yi mata shekara 5 cur a bakin aiki. Wanda ya ci ladan kuturu ai dole ya yi masa aski. Matsalar ita ce wani lokaci cikin ɗaliban nan akan sami wanda NFL ke so, ita kuwa NFL ba ta jiran kowa.

Ba sai ya gama shekara 5 ɗin sannan ya je ya buga ba? Roger Staubach ai haka ya yi.

Ku daina kawo mini Staubach, don Allah. Gaskiya ne, ya lashe kyautar Heisman, ta gwarzon ɗan wasan jami'o'i, a 1963 yana Annapolis, ya yi shekara 4 a sojan ruwa har da shekara guda a Biyetnam, ya shiga Dallas Cowboys a 1969 yana ɗan 27, ya ci Super Bowl biyu. Akwai kuma Chad Hennings, wanda ya tuƙa jirgin yaƙi samfurin A-10 a sararin arewacin Iraƙi, ya zo Cowboys a 1992 ya ci uku. Amma ana ambaton sunayensu ne saboda irinsu ba su da yawa. Matsakaicin zaman ɗan wasa a NFL bai wuce shekara 3 da 'yan kai ba. Duk shekara jami'o'i na zubo sababbin yara masu gudu da ƙarfi. Wanda ya bar fili yana 22 ya dawo yana 27, sai ya tarar babu wanda ya tuna da shi.

Nawa suke samu?

Sabon hafsa, laftanar ko takwaransa na ruwa, albashinsa na asali a 2025 kusan dala 4,000 ne a wata. Sabon ɗan wasan NFL mafi ƙarancin albashi a 2025 dala 840,000 a shekara, in ya tsira daga sallama. Ku yi lissafin da kanku.

To a aikace, mutum zai iya haɗa biyun a lokaci guda? Yaya ake yi?

Yauwa. Wannan ce tambayar da ta cancanci a zauna a kanta, kuma amsarta ba e ko a'a ba ce. Ya danganta da shekarar da yaro ya gama makaranta, da wanda ke kujerar sakataren tsaro a lokacin, da gurbin da yake bugawa, har da nisan barikinsa da filin ƙungiyar.

A fara da kalanda. Ƙungiyoyi na shiga sansanin atisaye a ƙarshen Yuli da 'yan wasa har 90, kafin Satumba a rage su zuwa 53. Daga nan wasa 17 har farkon Janairu, masu sa'a su kai Fabrairu. A mako, yawanci Talata ce kawai ranar hutu; sauran kwanakin tun safe ana kallon bidiyon abokan karawa, a ɗaga ƙarfe, a fita fili. Hafsan da ke bakin aiki cikakke kuwa ba shi da ikon cewa yau ba zan zo ba. Taura biyu ba sa taunuwa.

Duk da haka an gwada. A 1986 rundunar ruwa ta ajiye Napoleon McCallum a jirgin USS Peleliu da ke tashar Long Beach, kusa da Los Angeles, don ya riƙa yin aikinsa a jirgi sannan ya tuƙa mota zuwa atisayen Raiders. Kakar wasa ɗaya ya yi a haka. A 1987 sabon sakataren sojan ruwa, James Webb, ya ce bai yarda ba, McCallum ya koma teku, bai sake buga wa Raiders ba sai 1990. Joe Cardona ya fi shi dacewa. New England Patriots ta zaɓe shi a 2015 a zaɓen sababbin 'yan wasa da NFL ke yi duk shekara, aka tura shi aiki makarantar share fagen shiga Annapolis da ke Newport, tafiyar kamar awa guda daga filin ƙungiyar. Ranar da abokan wasansa ke kwance a gida suna jinyar jiki, shi yana cikin kaki a bakin aiki. Amma a duba gurbinsa: aikinsa shi ne ya sunkuya ya cilla ƙwallo ta tsakanin ƙafafunsa zuwa ga mai bugun da ke can baya, 'yan lokuta kaɗan a wasa. Wanda ƙungiya ta ɗora dukkan dabarunta a kansa, kamar mai jefa ƙwallo, da wuya ya iya wannan zirga-zirgar.

Hanyar da ta fi yiwuwa ita ce a mai da mutum cikin sojojin ko-ta-kwana. Su ƙa'idarsu ƙarshen mako ɗaya a wata da mako biyu a shekara. To ƙarshen makon ne kuma ake wasa, don haka sai kwamanda ya amince a tara masa kwanakin ya biya su tsakanin Fabrairu da Yuli. Haka Ben Garland ya yi: ya gama makarantar sojan sama a 2010, ya yi shekara 2 cikakku, sannan ya koma dakarun sama na jihar Colorado yana buga wa Denver, daga baya Atlanta da San Francisco. Sai dai fa ko a nan, in aka kira rundunarsa fagen daga, kwantiragi ba zai hana shi tafiya ba. Abin da ƙungiya za ta yi shi ne ta sa sunansa a jerin musamman na waɗanda suka tafi aikin soja, ta ɗauko wani.

Sai babban abin da ke karya wa yaran gwiwa, wato dokar ba ta zama wuri ɗaya. A 2008 Detroit Lions ta zaɓi Caleb Campbell na West Point bisa wani tsari da ya ba shi damar wasa nan take. Ana gobe za a shiga sansanin atisaye aka sanar da shi an soke tsarin, ya koma bariki. Sai 2010 ya dawo, bai buga abin kirki ba. A 2016 zamanin sakataren tsaro Ash Carter aka buɗe ƙofa, Keenan Reynolds ya tafi Baltimore Ravens. A 2017 sabon sakataren tsaro Jim Mattis ya rufe, ya ce sai an yi shekara 2 tukuna. Jalen Robinette na sojan sama ana tsaka da zaɓen 'yan wasa ya ji labari. A 2019 Shugaba Trump ya sa aka sake buɗewa, aka ce mutum ya buga, bashin aikin na jiransa. A 2021 rundunar ruwa ta hana Cameron Kinley, sakataren tsaro Lloyd Austin ya ba shi izini, Tampa Bay kuma ta sallame shi kafin a fara kaka. A Disamban 2022 majalisar dokoki ta dawo da sharaɗin shekara 2, aka yi ca saboda Andre Carter na West Point, sai aka keɓe waɗanda suka shiga makaranta kafin Yunin 2021. A ƙarshen 2024 kuma aka sake sassautawa ga 'yan ƙalilan a kowace makaranta, su shiga ko-ta-kwana su taya rundunar jawo matasa.

Saboda haka in ka ce mini ana iya haɗawa, zan ce e, wani lokaci, ga wasu, in an ba su izini. Izini ne kuwa, alfarma ce da mai bayarwa zai iya janyewa. Yaron da ya san ransa na kan NFL, yana da ƙofa ɗaya tabbatacciya: ɗalibi na iya barin makarantar cikin shekaru biyun farko ba tare da bashin aiki ba. Da ya shiga aji a shekara ta uku, ya ɗaure kansa. Ni dai da za a tambaye ni, a wannan gaɓar ya kamata ya yi shawara da iyayensa, ba ranar zaɓen 'yan wasa ba.

Ba zalunci ba ne a hana yaro cin arzikinsa?

Haba malam. Ya sa hannu da idonsa a buɗe. Abokan ajinsa da ba su iya ƙwallo ba, wa ya ɗage musu? Wasu daga cikinsu kai tsaye fagen yaƙi ake kai su. Abin da na yarda zalunci ne shi ne a ce wa mutum ka tafi, ya haɗa kaya, sannan a ce dawo. A tsai da doka ɗaya, mai tsauri ko mai sauƙi, kowa ya san inda ya dosa.

Me sojan ke ƙaruwa da shi in ta sake su?

Talla. Miliyoyin mutane na kallo, mai sharhi na ta nanata cewa wannan hafsan sojan ruwa ne. Kuma makarantun na buƙatar abin da za su faɗa wa yaro mai hazaƙa kafin ya zaɓe su, tunda tun 2021 'yan wasan sauran jami'o'i na karɓar kuɗin talla da sunansu, ɗaliban soja kuwa an hana su. Dangantakar ma ta taɓa yin wari: a 2015 sanatoci John McCain da Jeff Flake suka bankaɗo cewa Pentagon, wato ma'aikatar tsaron Amurka, na biyan ƙungiyoyi kuɗi don bukukuwan karrama sojoji da 'yan kallo suka ɗauka don Allah ake yi. NFL ta mayar da sama da dala 700,000.

Ƙiba fa? Na ga wasu 'yan wasan kamar rumbu.

Tambaya mai kyau, kuma ba a cika yin ta ba. Masu tare gaba a NFL sukan haura kilo 135. Soja kuwa tana da ma'aunin nauyi da gwajin gudu. Don haka manyan yaran makarantun nan, da an buga wasan ƙarshe a Disamba, sai su shiga zubar da ƙiba kafin bikin yaye su a Mayu. Wanda zai koma NFL sai ya sake tarawa. Alejandro Villanueva, mai tsawon mita 2 da ɗoriya, ya gama West Point a 2010, ya je Afganistan sau uku, ya dawo a ramamme a ma'aunin NFL. Sai da ya ƙara fiye da kilo 30 kafin ya zama mai tsare bayan mai jefa ƙwallo a Steelers, har aka zaɓe shi cikin gwanayen gasar sau biyu.

In ya ji rauni a wasa?

Ƙungiya na iya sallamarsa, don yawancin kwantiragin NFL ba duka kuɗin ke da tabbas ba. Likitocin soja kuma su duba ko har yanzu ya cancanci kaki. Kada ku tayar da hankali, akasari akan sama masa aikin da jikinsa zai iya.

Ɗan Najeriya ko Nijar zai iya bi ta nan ya shiga NFL?

A'a. Ba hanyar biza ba ce. Zama hafsa a sojan Amurka sai ɗan ƙasa. Mai son NFL daga nan ya nemi shirin gasar na zaƙulo 'yan wasa daga ƙasashen waje, wanda 'yan Najeriya da dama suka bi.

Pat Tillman fa? Shi ma ya haɗa biyun?

Bai haɗa ba, ya zaɓi ɗaya. Bayan harin 11 ga Satumba, ya ƙi kwantiragin dala miliyan 3.6 na shekara 3 daga Arizona Cardinals, ya shiga sojan ƙasa a 2002 tare da ƙanensa Kevin, a matsayin kurtu. An kashe shi a Afganistan ranar 22 ga Afrilu, 2004. Rundunar ta fara cewa abokan gaba ne suka harbe shi, har aka yi taron makokinsa a talabijin a kan haka. Sai bayan makonni aka gaya wa iyalinsa cewa harsashin 'yan uwansa sojoji ne. Mahaifiyarsa ta bi maganar har gaban majalisar dokoki a 2007. Masu turo mini hotonsa duk shekara, ku riƙa haɗawa da wannan ɓangaren.