Idan kotu ta ƙi karɓar ɗaukaka ƙara kan wanda aka wanke, dole ta faɗi dalili

Mutane da yawa a nan Gombe sun ɗauka cewa da zarar alƙali ya wanke wanda ake tuhuma, magana ta ƙare. Gaskiya ne sashe na 36(9) na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya hana a sake gurfanar da mutum kan laifin da aka riga aka yanke masa hukunci ko aka wanke shi, amma sashen ya bar ƙofa ɗaya: sai dai idan kotun da ke sama ce ta ba da umarni. Ta wannan ƙofar masu gabatar da ƙara ke bi idan suna ganin alƙalin farko ya yi kuskure.

An gani a shari'ar Bukola Saraki, shugaban Majalisar Dattawa na lokacin. A watan Yunin 2017 Kotun Ɗa'ar Ma'aikata ta wanke shi daga tuhume-tuhume 18. Gwamnatin Tarayya ta ɗaukaka ƙara, a Disamba kuma Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce 15 ba su da tushe, uku ne kawai zai koma ya kare kansa a kai. A Yulin 2018 Kotun Ƙoli ta soke ukun ma. Abin da ya sa aka iya hawa waɗannan matakai shi ne kowace kotu ta rubuta hujjarta, ta sama ta samu abin da za ta auna.

To idan kotun sama ta ce ba ta yarda da ƙorafin gwamnati ba fa? Ikonta ne, sau da yawa ma hakan ne daidai. Alƙalin farko ne ya ga shaidu ido da ido, ya ga wanda ya yi in'ina da wanda ya tsaya kan maganarsa. Alƙalan sama kuwa takarda kawai suke karantawa. Ga kuma sashe na 36(5) da ke ɗaukar kowa a matsayin marar laifi har sai an tabbatar. Sai dai ƙin yarda ba ya halatta mata ta rubuta layi ɗaya, "an kori ƙara, ba ta da madafa", ta tashi. Sashe na 308 na dokar tafiyar da shari'ar laifuka ta tarayya ta 2015 ya ce hukunci ya kasance a rubuce, ya ƙunshi batutuwan da ake jayayya a kai, da matsayar kotu, da dalilan matsayar. Tun a tsohuwar dokar shari'ar laifuka ta Arewa ta 1960 akwai wannan sharaɗi.

A ce an yi fashi da dare a wani ƙauye wajen Kumo. Mai gida ya ce ya gane ɗaya daga cikin ɓarayin da hasken tocila, maƙwabci ya ce ya gane muryarsa. Alƙali ya ce shaidar ba ta kai ba, ya wanke mutumin. Lauyan gwamnati ya haura sama yana cewa alƙali bai ko taɓo shaidar maƙwabcin ba. Kotun sama tana iya cewa duk da haka murya cikin dare da firgici ba ta isa a ɗaure mutum ba. Wannan amsa ce, ko da ta yi wa mai gida ɗaci. Idan kuwa ta kori ƙarar ba ta ce uffan kan maƙwabcin ba, wa zai san ko ta karanta fayil ɗin? Mai gida zai koma yana cewa an sayi shari'a, shi kuma wanda aka wanke zai ci gaba da yawo a kasuwa ana nuna shi da baki, tunda babu takardar da ta bayyana me ya sa aka sake shi. A ganina shi ne ma ya fi kowa buƙatar dalilin.

A Indiya, inda dokokin laifuka na Arewa suka samo asali ta hanyar Sudan, an sha fama da wannan. A can gwamnatin jiha sai ta nemi izinin Babbar Kotu kafin ta ƙalubalanci wankewa, wasu alƙalai kuma suka riƙa hana izinin da kalmomi biyu ko uku. A 2004, a ƙarar jihar Orissa da Dhaniram Luhar, Kotun Ƙolin ƙasar ta soke irin wannan umarni, ta ce ko a taƙaice ne sai an nuna dalili.

Wanda aka zalunta ya sani cewa a shari'ar laifi ba shi ne mai ƙara ba, shaida ne. Ɗaukaka ƙara tana hannun masu gabatar da ƙara, ƙarƙashin ikon Antoni Janar na jiha, don haka Ma'aikatar Shari'a zai nufa da kokensa. Kuma ya hanzarta: daga Babbar Kotu zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara, wadda take da reshe a nan Gombe, kwana 90 doka ta bayar. Sashe na 294(1) na Kundin Tsarin Mulki kuma ya wajabta wa manyan kotuna su ba ɓangarorin shari'a kwafin hukunci cikin kwana 7 da yanke shi. Kwafin nan lauya zai fara tambaya, domin daga cikinsa ake zaƙulo dalilan ɗaukaka ƙara.