Les Résultats du féminisme (fim ɗin 1906)

Les Résultats du féminisme (ma'ana "Sakamakon fafutukar haƙƙin mata") gajeren fim ɗin barkwanci ne mara magana da Alice Guy ta shirya a Faransa a 1906 ƙarƙashin kamfanin Gaumont, tsawonsa wajen minti 7 ne kawai. Alice Guy (1873-1968) sakatariya ce da farko a ofishin Léon Gaumont, daga baya ta zama ita ke kula da shirya fina-finan kamfanin, kuma tana cikin matan farko da suka ba da umarnin fim a duniya.

A fim ɗin duniya ce ta juya. Maza ne a ɗaki suna ɗinki suna guga suna rainon yara, wasu har da fure a ka, su kuwa mata suna kafe, wato wurin shan kofi da barasa, sun baje suna busa sigari suna shaye-shaye, in namiji ya gitta a bi shi da ido, wata ma ta tare shi ta yi ta lallaɓa shi, shi kuma sai sunkuyar da kai yake wai shi kunya. Babu wanda ya canza kaya, mazan da wandonsu matan da rigunansu, hali kawai aka musanya, kuma da yake babu sauti dole tafiya da zama da kallo su isar da komai. A ƙarshe mazan suka gaji suka haɗa kai suka kori matan daga kafen.

Har yau ana ja-in-ja kan nufin Alice Guy. Wasu na ganin ba'a take wa masu neman haƙƙin mata, lokacin ana ta rigimar ba wa mata 'yancin kaɗa ƙuri'a a Ingila, matan Faransa ma sai 1944 suka samu. Wasu kuma sun ce ai mazan ta nuna wa halinsu, tunda abin da ya ishe su cikin minti 7 shi mata ke sha kullum, kuma wannan fahimtar ta fi zama a rai.

Ta sake yin labarin a Amurka a 1912 a kamfaninta Solax da sunan In the Year 2000, sai dai wannan ya ɓata. Wasu masu fim kuwa ta canza kaya suka bi: Charlie Chaplin ya yi shigar mata a A Woman (1915), Ossi Oswalda ta yi ta maza a Ich möchte kein Mann sein na Ernst Lubitsch a Jamus a 1918.