Tantance asalin sunan jariri da ma'anarsa

Tantance suna bincike ne da iyaye ko dangi kan yi kafin ranar suna, wato kwana bakwai da haihuwa, don sanin harshen da sunan ya fito da abin da yake nufi. A Kaduna, inda Hausawa ke cuɗanya da Fulani da Gbagyi da sauran ƙabilu, ba wuya a ji suna ɗaya da fassara biyu.

Tarihi

A da ba a cika buƙatar bincike ba. Sunan yanka na annabi ne ko sahabi, ko na kakan da aka yi wa takwara, kuma liman ya san su. Laƙabi kuwa da bayaninsa yake tafe: Ɗanladi haihuwar Lahadi, Gambo mai bin tagwaye, Tanko namijin da ya biyo mata, Kande macen da ta biyo maza. Wasu baki ne ya sassaƙe su, kamar Audu daga Abdullahi da Mamman daga Muhammadu. Dikko da Sambo Fulatanci ne, ɗan fari da mai bi masa. Bello ana danganta shi da kalmar Fulatanci mai nufin mataimaki. Bitrus da Bulus, sunayen Kiristoci masu jin Hausa, sun yaɗu tare da Littafi Mai Tsarki, wanda cikakkiyar fassararsa ta fito a 1932.

Hanyar bincike

In aka kai wa malamin zaure suna a Tudun Wada ko Rigasa, yakan fara da cewa, "Rubuta mini shi da Larabci." Dalili shi ne rubutun boko, da ya kankama wajen shekarun 1930, yana haɗiye wasu haruffa. Asiya matar Fir'auna da alif da sin ake rubuta ta. Akwai kuma wata Asiyar da ain da sad, mai nufin mai saɓo, wadda hadisi a Sahihu Muslim ya nuna Annabi (SAW) ya canza ta zuwa Jamila. A boko ba mai raba su.

Daga nan sai ƙamus: Lisanul Arab na Ibn Manzur don Larabci, na Bargery na 1934 don Hausa. A nan iyaye kan sha mamaki. Khadija a lugga bakwaini ce. Darajar sunan daga mai sunan ta zo. Ibrahim da Yusuf ba Larabci ba ne a asali. Zuwan kalma cikin Alƙur'ani ma bai isa hujjar dacewarta da suna ba: Afnan, a Suratur Rahman, rassan itace ne, amma tukazziban da ke nanatuwa a surar ƙaryatawa take nufi.

Asalin Maryam da ma'anarsa akwai saɓani.

A yau

Jerin sunayen da ke yawo a WhatsApp galibi ba sa faɗin inda suka samo fassara, kusan kowane suna "kyautar Allah" ne a wurinsu. Rubutun da aka sa a takardar haihuwa ta Hukumar Ƙidaya ta Ƙasa kuwa, gyara shi kan buƙaci takardar rantsuwa daga kotu.