Me ake nufi da odar wucin gadi ta kotu?

A ƙauyukanmu na ƙasar Ringim, da zarar an ce "an sa wa gonar oda", shi ke nan, ba mai kai taki, ba mai shiga da garma. Da yawa sun ɗauka wanda ya samo odar shi ya ci shari'a. Ba haka abin yake ba.

Odar wucin gadi umarni ne da alƙali ke bayarwa tun bai saurari shaidu ba, cewa a dakata, a bar abin da ake rigima a kansa yadda yake har a gano mai gaskiya. Kada a sayar, kada a yi gini, kada a sare itatuwa. Dalilin a fili yake: in aka bari aka sayar da gonar ta bi hannu uku, ko an yi hukunci daga baya, fargar jaji ce.

Iri biyu ce. Akwai wadda ake bayarwa a bayan idon wanda ake ƙara, saboda gaggawa, misali an sauke bulo da yashi, gobe za a haƙa harsashi. Wannan ta 'yan kwanaki ce kawai. Tun 1989, a shari'ar Kotoye da Babban Bankin Najeriya, Kotun Ƙoli ta ja kunne cewa ba a bayar da irinta sai gaggawar ta gaske ce. Ta biyun kuwa sai an ji ta bakin kowane ɓangare, kuma ita ce ke zama har ranar hukunci. Mai neman ta sai ya nuna yana da haƙƙin da ya kamata a duba, kuma ɓarnar da yake tsoro kuɗi ba za su gyara ta ba. Akan sa shi ya ɗauki alƙawarin biyan diyya in ta bayyana bai cancanci odar ba, sharaɗin da ban cika jin ana tuna wa manomi shi ba.

To, ina gizo ke saƙar? Damina ba ta san an ɗage zama ba. Wani kawuna an sa wa gonarsa oda ana dab da shuka, kan rigimar gado. Na same shi a bakin gonar, sabara ta kai gwiwa, tumfafiya ta tsiro inda ya saba jera dammunan gero, takin da ya tara tun rani yana nan a jibge. Na ce, "Kawu, yaushe za ku koma?" Ya ce, "Ɗana, sun ce bayan Sallah." Damina biyu ya yi yana cin geron awo, kuma har lokacin ba wanda ya ce gonar ba tasa ba ce.

Jinkirin nan sanannen abu ne: sammaci bai isa ba, lauya bai zo ba, an yi wa alƙali canjin wurin aiki an koma farko. Hutun shekara na manyan kotuna ma a tsakiyar damina yake faɗowa. A 2021 yajin aikin ma'aikatan shari'a ya rufe kotuna daga Afrilu zuwa Yuni, daidai lokacin sharar gona da shuka. Sashe na 36 na tsarin mulkin 1999 ya ce a saurari mutum cikin lokacin da ya dace, sashe na 294 kuma ya ba kotu kwana 90 ta yanke hukunci, amma lissafin ba ya farawa sai an rufe shaidu da jawabin ƙarshe. Kafin a kai nan ne shekaru ke tafiya, kuma wanda ya riga ya samu oda ba ya sauri.

Wanda odar ta hau kansa kada ya take ta, domin raina kotu ne, yana iya kai mutum gidan yari. Amma yana da damar komawa ya roƙi a janye ta ko a sassauta, a hana sayarwa a bar noma, a kuma gaggauta shari'ar. Kawu bai san da haka ba sai a damina ta uku, da aka bar shi ya shuka, bisa sharaɗin ba zai sayar ko ya jinginar ba.