French toast na kwana: abin da sunan yake nufi da abin da ke cikin kwanon

Ƙanwata ce ta turo mini bidiyon a WhatsApp. Wata Ba'amurkiya tana yayyanka burodi tana jibgawa a wani faffaɗan kwanon gilashi, ta kwarara masa kaɗaɗɗen ƙwai da madara, ta rufe, ta tura firji, ta kashe fitilar kicin. A ƙasan bidiyon an rubuta overnight French toast casserole for brunch. Sai ga saƙon murya ya biyo baya: "Yaya, don Allah wannan dogon sunan fa? Ni dai burodi da ƙwai nake gani." Idonta bai yaudare ta ba, burodi da ƙwai ne. Amma kowace kalma a cikin sunan tana ɗauke da wani aiki da ake yi wa abincin.

French toast shi ne yankan burodi da aka tsoma a ƙwai da madara aka soya a kasko da bota. Duk da sunan Faransa da aka liƙa masa, ya girmi Faransa kanta. A tsohon littafin girkin Rumawa da ake jingina wa Apicius akwai irinsa: a ɓare ɓawon burodin alkama, a gutsuttsura, a jiƙa a madara, a soya a mai, a zuba zuma. Sunan French toast kuma ya fito a littafin girkin wani Bature ɗan Ingila, Robert May, a 1660, sai dai nasa babu ƙwai, gasasshen burodi ne irin na Faransa da ake jiƙawa. Su Faransawa pain perdu suke ce masa, wato burodin da ya tashi daga aiki, wanda saura kaɗan a yi asararsa. Jamusawa suna kiransa Arme Ritter, matalautan barade. A Sifaniya torrijas ne, ana yin sa a azumin Kiristoci kafin Ista, a Fotugal da Burazil kuma rabanadas, abincin Kirsimeti. Sunan Faransawan ya fi kwanta mini a rai, don shi ne ya faɗi gaskiyar abincin. Wanda ya taɓa sayen dogon burodin nan na baget a Maraɗi ko Damagaram ya manta da shi har gobe ya san yadda yake komawa kamar sanda. Don irin wannan burodin aka yi dabarar, don kada abinci ya tafi bola.

Kalmar casserole ita ma daga Faransanci ta fito, a can tukunya ce mai mariƙi. Da ta haura Amurka sai ta koma sunan kwano mai ɗan zurfi da ake sa wa a obin, har ta zama sunan duk abincin da aka gasa a cikinsa aka kawo tebur a haka. Wanda aka fi amfani da shi inci 9 ne a faɗi, 13 a tsawo, kusan santimita 23 da 33. Dalilin komawa kwano daga kasko a fili yake ga duk wadda ta taɓa zama gaban tandar waina: kasko yanka biyu ko uku yake ɗauka, idan mutum goma ne a gida kafin a soya na ƙarshe na farko ya huce, mai suyar kuma ita ce ƙarshen ci. A kwano ɗaya kuwa na kowa tare yake nuna.

Overnight, wato kwana, nan ne zuciyar al'amarin, kuma nan mutane suka fi kuskure. Burodi idan ya kwana biyu sitacin da ke cikinsa yakan ɗaure, danshin ya janye, tsokar ta yi ƙarfi. Irin wannan yana tsotse ruwa kamar soso ba tare da ya rushe ba. Sabon burodi mai taushi kuwa cike yake da danshinsa, da ya sha madara sai ya narke. Na gwada da sabo sau ɗaya, wanda aka sayo da yamma da ɗuminsa. Da safe samansa ya yi ja gwanin sha'awa, amma da na sa cokali tsakiya sai na tarar da abu kamar kunu mai kauri. Daga ranar nake yanka burodin tun da rana in baza a tire. Da hunturu awa uku zuwa huɗu ya bushe, da damina kuwa in sa shi a obin mara zafi sosai na minti goma.

Tsoma burodi a ƙwai na ɗan lokaci, kamar yadda ake yi idan za a soya, bayansa kawai yake jiƙawa. Awa takwas zuwa goma sha biyu a firji kuwa ruwan yana ratsa kowane guntu har cikinsa. Idan zafi ya kama, ƙwan da ya riga ya shige tsokar burodin yana daskarewa a inda yake, sai a samu ciki mai laushi da ke yankuwa da wuƙa, sama kuma mai ƙaras-ƙaras. Wannan bambancin na sama da ciki shi ne daɗin abin baki ɗaya. Shi ya sa ba na danne guntayen su nutse duka, nakan bar kawunansu a waje don wuta ta same su.

Saura brunch. Haɗin kalmomin Turanci biyu ne, farkon breakfast, wato karin kumallo, da ƙarshen lunch, wato abincin rana. Wani marubuci ɗan Ingila, Guy Beringer, ya yi rubutu a 1895 yana kira da a daina tashin sassafe ranar Lahadi da kuma nauyayyen abincin bayan coci, a haɗe su a ci abu ɗaya wajen tsakar rana cikin hira. A Amurka abin ya samu gindin zama daga shekarun 1930, yau kuma ya zama al'adar ƙarshen mako, musamman Lahadin Ista, safiyar Kirsimeti da Ranar Uwa, Lahadi ta biyu a watan Mayu. Lokacinsa a lissafinmu daga walaha ne zuwa azahar. Mafi kusa da shi a wurinmu shi ne cin da ake yi bayan saukowa daga Idi, ya wuce karin kumallo, bai kai abincin rana ba, gida cike da 'yan uwa, ba wanda ke gaggawa. Abincin da aka gama wahalarsa tun daren jiya ya dace da irin wannan zama, don mai girkin ma tana samun zama cikin mutane.

Wani abu da ya kamata mai karatu ya sani: a gidajen abinci na Amurka da Turai, teburin brunch sau da yawa yana zuwa da naman alade da wani abin sha da ake kira mimosa, wanda giya ce aka gauraya da ruwan lemo. Wasu masu girkin kuma suna ɗiga barasa a cikin ruwan ƙwan kansa, kuma ruwan banila irin na Amurka da barasa ake tatsarsa. Wanda ke kiyaye halal ya karanta jerin kayan haɗi da jikin kwalba, ya nemi garin banila ko wanda aka rubuta babu barasa. Babu ɗaya daga cikin waɗannan da abincin ya dogara da shi.

Yadda ake haɗawa ba shi da wuya. Burodi kamar rabin kilo, a yanka ƙanana kamar girman kwalin ashana. Amurkawa sun fi son burodin biriyosh na Faransa ko burodin challah na Yahudawa, don dukansu da ƙwai ake kwaɓa su kuma suna riƙe jiki. A shafe kwano da bota a zuba. A kaɗa ƙwai 8 da madara kofi biyu da rabi, sukari rabin kofi, kirfa ƙaramin cokali ɗaya, banila, da ɗan gishiri. Gishirin kada a raina shi, idan babu shi zaƙin yakan yi lami. Idan da madarar gari za a yi, a dama ta da kauri fiye da ta shayi. Burodinmu na leda kuwa ya riga ya sha sukari tun daga gidan burodi, don haka ni nakan rage kusan rabin sukarin. A kwarara a kan burodin, a ɗan danna da tafin hannu, a rufe, sai firji.

Da safe a fito da kwanon ya sha iska kamar minti ashirin yayin da obin ke ɗaukar zafi, musamman idan na gilashi ne, don sauyin zafi na farat ɗaya yana iya fasa shi. Masu so sukan murza fulawa rabin kofi da sukari da kirfa da bota mai sanyi da yatsu har ya yi kamar tsaki, su barbaɗa a sama. Zafin obin digiri 175 zuwa 180 a ma'aunin Salshiyos, wato 350 da ake gani a bidiyoyin Amurka, don su da Farenhait suke awo. Minti 45 zuwa awa ɗaya. Idan saman ya fara duhu da wuri a rufe da takardar foyil. Alamar nuna ita ce tsakiyar ta kumbura, a soka wuƙa ba a ga ruwan ƙwai ya biyo ta ba. Mai ma'aunin zafin abinci ya nemi digiri 71 a tsakiya, shi ne abin da hukumar aikin gona ta Amurka ta ƙayyade wa abincin ƙwai. A bar shi ya huta minti goma kafin a yanka.

Akwai inda girkin nan ya dogara da abin da mai bidiyon ba ta ko tunaninsa, wato wutar da ba ta ɗaukewa. Ɗanyen ƙwai da madara suna buƙatar sanyin digiri 4 ko ƙasa tsawon daren. Ƙa'idar masana lafiyar abinci ita ce kada irin wannan ya wuce awa biyu a waje, idan zafin gari ya haura digiri 32 kuwa awa ɗaya. A watan Afrilu a Kano ko Sakkwato, firjin da wuta ta ɗauke masa da sha biyun dare ba wurin ajiyar wannan kwanon ba ne, kuma gashi ba ya kashe duk gubar da wasu ƙwayoyin cuta suka riga suka zubar. Idan ba a da tabbacin wuta ko sola, a haƙura da kwanan. A busar da burodin sosai tun dare, a haɗa bayan sallar asuba, a ba shi minti 30 zuwa 40 ana danna shi lokaci-lokaci, sannan a gasa. Laushin cikin ba zai kai na kwana ba, amma ya kusa.

A Amurka da Kanada da ruwan zaƙin bishiyar mapul ake ci, wanda yawancinsa daga lardin Kwibek na Kanada yake fitowa, kuma sai an dafe kusan lita 40 na ruwan bishiyar kafin a samu lita ɗaya, shi ya sa yake da tsada. Ba dole ba ne. Rumawan can zuma suka zuba, kuma zuma mai kyau ba ta yi mana nisa ba. Wanda ya taɓa cin Ummu Ali ta Misirawa zai ji ɗanɗanon ba baƙo ba ne, dangin juna ne, sai dai ita madara ta fi yawa a cikinta kuma galibi babu ƙwai.

Ƙanwata ta yi nata ranar Asabar, da ragowar burodin shayi na kwana biyu, ta soka yankakken dabino a tsakanin guntayen ta barbaɗa soyayyiyar gyaɗa a sama. Ta ce dabinon da ya leƙo waje ya ƙone ya yi ɗaci, wanda ya nutse a ciki kuwa ya narke kamar zuma, don haka nan gaba duka za ta cusa shi ƙasa.