Korar ƙara saboda lokacinta ya wuce ba wanke wanda ake ƙara ba ne

Da an ji kotu ta kori ƙara saboda abin da ake jayayya a kai ya riga ya wuce, mutane da yawa sai su ɗauka mai ƙara ne ya sha kaye, wanda ake ƙara kuma an wanke shi tas. Ba haka ba ne. Abin yana damuna, domin masu mulki sukan riƙe irin wannan hukunci su ce kotu ta goyi bayansu.

A watan Mayun 2004, bayan rikicin Yelwa, Shugaba Obasanjo ya kafa dokar ta-ɓaci a Filato. Ya dakatar da Gwamna Joshua Dariye da majalisar dokokin jihar, ya naɗa Janar Chris Alli mai ritaya ya riƙe ragama. Aka garzaya Kotun Ƙoli don ƙalubalantar wannan mataki. Kafin hukunci ya fito a 2006, wata shida na dokar ta-ɓacin sun daɗe da cika, Dariye ya koma kujerarsa tun Nuwamban 2004. Kotu ta kori ƙarar, kuma cikin dalilanta har da cewa babu sauran abin da umarninta zai gyara. Ko tsarin mulki ya ba shugaban ƙasa ikon dakatar da zaɓaɓɓen gwamna, wannan tambaya ba a amsa ta ba a ranar.

Alƙali yana yanke hukunci ne a kan rigimar da ke raye. Amma a Amurka kotu takan ci gaba da sauraro idan abin zai iya maimaituwa, kamar shari'ar Roe ta 1973 a kan zubar da ciki, inda juna biyu na wata tara ya ƙare tun kafin shari'a ta kai ƙarshe.